Jan Layin da Ke Bayan Katunana

Jiya, tsakanin azahar da la'asar, barci ya sace ni a kujerar falo, na yi wani mafarki da har yanzu ban gama warware shi ba. Amma kafin in ba da shi sai na faɗi abin da ya faru da safe, don mafarki ma yana da uwa da uba.

Sunana Tanimu, shekarata saba'in da uku. Da safen na je asibiti a auna min jini, wata ma'aikaciyar jinya tana cika takarda ta ce, "Baba, sunan matarka?" Na buɗe baki, sai na tarar babu kowa a ciki. Ina ganin fuskar matata, ina ganin tabon ƙunar da ke hannunta na hagu, na san ba ta shan shayi da madara, amma sunan ya yi ɓatan dabo. Ma'aikaciyar ta yi dariya ta ce, "Kai Baba, har yanzu kunya?" Na taya ta dariyar, na ce na manto tabarau, na naɗe takardar na sa a aljihu.

Gaskiyar magana, shekara arba'in da biyar ban taɓa kiran matata da sunanta ba. A wurin aiki Malama nake ce mata, da aka yi aure ta zama "ke", da ta sauke farali ta zama Hajiya. Na adana sunan a wuri mai kyau don kada ya tsufa, ga shi na manta inda na sa shi. Na san ina iya buɗe jakarta in duba katin zaɓe, amma ranar da na yi haka na san tawa ta ƙare. Tsoro ya kama ni sosai, kuma ban gaya mata ba.

Wurin aikin da nake magana wata cibiyar kwamfuta ce a Kaduna, zamanin da kwamfuta ɗaya ke cika ɗaki guda. Ni ina rubuta mata umarni a takarda da yarukanta na wancan lokaci, Fotran da Kobol, ita kuma Malama tana zaune gaban injin huda kati tana mayar da rubutuna huji. Layi ɗaya, kati ɗaya. Aiki guda yakan ci kati ɗari biyar a jere, in kuwa damin ya faɗi ya watse ka shiga uku, don kwamfuta ba ta san gaba da baya ba, abin da ta fara gani shi take yi. Shi ya sa masu hankali ke jan layi a karkace da jan alƙalami a bayan damin, daga kusurwa zuwa kusurwa, in ya zube sai a yi ta jerawa har layin ya miƙe. Ni kuwa na hana a ja min. Na ce wannan aikin masu rawar hannu ne, nawa hannun ba ya yar da kaya. Ina ɗan shekara ashirin da bakwai, ga suma ga wando mai buɗaɗɗiyar ƙafa, wa ya isa ya gaya min?

To, a mafarkin sai na gan ni a wani gari wanda mutanensa ba sa motsi sai an ba su umarni. Na wuce wani dattijo a ƙofar gidansa da ƙafa ɗaya a sama. Aka ce tun bara yake haka, wanda ya ce masa ya ɗaga ne ya manta bai ce ya sauke ba. Gaba kaɗan wata mata tana zuba ruwa a randa, randar ta cika, tsakar gida ta cika, unguwar ta koma tafki har ana kamun kifi a ciki, ita dai zubawa take, don ba a gaya mata inda za ta tsaya ba. Na gaishe ta ba ta amsa ba, saboda gaisuwa ba ta cikin abin da aka rubuta mata.

A hannuna akwai damin kati, a gabana kuma taga irin wadda muke miƙa aiki a da. Bunsuru ne a bayan tagar, da tabarau da biro uku a aljihu, yana cin ɓarɓashin hujin kati a faranti da cokali.

Ya ce, "Me ka kawo?"

Na ce, "Wallahi ban sani ba, ranka ya daɗe."

"Kwanakinka ne, kowace rana kati ɗaya. Mu sa a inji, sunan ya fito a takarda."

"Wane suna?"

"Wanda ka zubar a asibiti. Muna rufe taga da la'asar, kuma sau ɗaya ake gwada wa mutum."

Ban tambayi yadda kwana dubu ashirin da wani abu suka shiga hannu biyu ba. Na miƙa damin da sauri, sai hannun nan nawa da ba ya yar da kaya ya yi rawa. Katunan suka zube. A garin kuwa in abu ya faɗi sama yake yi, saboda haka suka tashi fuu suka manne a jikin sararin samaniya. Na ari tsani na sauka har can, na kwaso su a babbar rigata, duk sun cakuɗe. Bunsurun ya leƙo ya ce ba ya karɓar aiki a hargitse, in je wurin manya.

Sai ga ni a gindin tsamiya gaban Baba Fotran. Ban taɓa sanin yana da gemu ba, amma ina ganinsa na gane shi, shi ne malamina na farko. Yana zaune a kan buzu yana ƙirga taurari da rana tsaka. Na durƙusa.

"Ina wuni, Baba?"

"Bakwai da ɗigo biyu."

"Ya iyali?"

"Sun ninka." Ya dube ni ta saman gira. "Tanimu ne? Kai ne ka taɓa sa ni raba abu da sifili ranar wata Laraba."

Na ba shi haƙuri, na gaya masa abin da ya kawo ni. Ya ce kafin zuwansa lamba zalla ake ɗura wa inji, sai mutum ya kusa zama inji kafin inji ya ji maganarsa, shi ya zo ya ce a bar mutum ya rubuta lissafinsa kamar yadda ya saba. Ya ce in tambaye shi nauyin da gada za ta ɗauka, ko ranar da hadari zai iso, don har gobe masu duba yanayi wurinsa suke zuwa a ɓoye.

"Amma suna ba lamba ba ne. Nawa ne nauyinta?"

"Kilo sittin da takwas, Baba."

"Tsawonta?"

Na faɗa masa.

"To me ka rasa? Ai ga mace nan cikakkiya."

Na ce ba a kiran mutum da kilo. Ya yi tsaki, ya ce in tafi wurin ƙanensa Kobol, surutu gare shi amma yana ajiye sunaye.

Ban tashi daga durƙuson ba na ga tsamiyar ta zama silin, buzun ya zama tebur. Malam Kobol na zaune cikin fayil-fayil har wuya, da kwat da hular dara. Na buɗe baki, ya ɗaga min hannu.

"Ba haka ake fara magana ba. Sashe na ɗaya, wane ne kai. Sashe na biyu, a ina muke. Sashe na uku, me muke da shi. Sashe na huɗu, me za a yi. In ka tsallake ɗaya mu koma farko."

Muka bi su ɗaya bayan ɗaya, gemuna ya ƙaru da kamu guda. A tsakiya ya gaya min an yi masa walimar ritaya sau goma sha ɗaya, kowane karo da agogon bango, amma washegari sai a aiko masa da mota, wai babu wanda ya san inda ya ajiye makullai. Ya ce yaran yanzu suna yi masa dariya da rana, amma in asiri ya so tonuwa shi ake nema, ai da tsohuwar zuma ake magani. Sannan ya jawo wani fayil ya busa ƙura.

"Shekarar haihuwa?"

"Dubu ɗaya da ɗari tara da hamsin da biyu."

"Lamba biyu kawai muke rubutawa, kati ba shi da fili. Hamsin da biyu. Bana kuma ashirin da biyar." Ya yi lissafi a bayan hannunsa. "Ashirin da biyar a ɗebe hamsin da biyu. Malam, saura shekara ashirin da bakwai a haife ka."

"Ga ni a gabanka fa, yallaɓai."

"Ban musa ba. Amma wanda ba a haifa ba ba shi da mata, wanda ba shi da mata kuma ba a ba shi sunanta. Ka dawo in ka iso."

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne ni da hannuna na rubuta irin wannan lissafin a shekarar saba'in da tara. Aka ce min wata rana ƙarni zai juya, na ce kafin nan an daina amfani da shi. Na duba fayil ɗin da ke hannunsa, ga sa hannuna a ƙasa.

Na fito ta wata ƙofa, sai na faɗa gidan suna. An haifi sabon yare. Tsakar gida cike da samari da 'yan mata, kowa fuskarsa na haske kamar fuskar waya, an ce duk yarukan zamani ne, jikoki da tattaɓa kunne. Baba Fotran da Malam Kobol suna waje a kan tabarma, babu wanda ya gaishe su, wani ma ya miƙa wa Baba takalminsa ya riƙe masa. Na ji daɗi da na ga gidan suna ne, na ce nan ake raba sunaye, ƙila a sami ragowa. Na tambayi mai raɗawa, ya ce sunan da ya kawo ɗaya ne, shi ma kafin a yanka rago an ce ya tsufa, an aika a kawo na biyu.

Wata tsohuwa da ake kira Goggo Lisif, ita ma cikin yarukan kwamfuta na da take, ta kawo min abinci a ƙwarya. Na buɗe, sai wata ƙwarya a ciki. Na buɗe wannan, sai wata. Na buɗe tara, a ta ƙarshe na tarar da ƙwarya ta farko. Na miƙe zan tafi, ta riƙe min riga.

"Ɗan nan, duk abin da ka buɗe sai ka rufe shi. Tara ka buɗe."

Ina cikin rufewa jaririn ya yi maganarsa ta farko. Ya ce, "Idan an ba ni nono, in yi shiru. In ba haka ba, in maimaita." Gida ya ɗauki guɗa, ana cewa ba a taɓa jin hikima irin wannan ba. Daga waje na ji Baba Fotran yana ce wa ƙanensa, "Wannan ai bakinmu ne," Malam Kobol ya ce, "Bar su, barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe." Ba wanda ya waiwaye su.

Rana ta fara karkata. Na tambayi hanyar komawa taga, aka nuna min wata matakala, a gindinta wani malamin firamare da alli a kunne, wai shi Malam Besik, yaren da ya koya wa yaran duniya gaishe da kwamfuta. Matakan an sa musu lamba goma, ashirin, talatin, tsakaninsu kuma babu komai sai iska.

"Malam, ina sha ɗaya da sha biyu?"

"An bar su ne saboda abin da mutum zai tuna daga baya."

"In bai tuna ba fa?"

"Sai ya yi tsalle."

Na yi ta tsalle da katuna a riga har na kai mataki na casa'in. A jikinsa an rubuta, koma goma. Na koma goma. Na sake hawa, na sake tarar da rubutun, na sake komawa. A zagaye na shida na ce wa Malam Besik yaushe ake fita, ya ce ba a fita, sai dai wani ya kashe wuta. Na zauna a kan mataki na arba'in na ce ni kam na gaji da manya, zan nemi abina da kaina.

Na riƙa zaro katunan ɗaya-ɗaya ina ɗaga su ga rana, don da haka muke karanta huji. Kowanne na ɗaga sai abin da ya faru a ranarsa ya fito ta cikin hujin. Na ga ranar da muka binne mahaifina, na ɗaga na gaba sai ga shi yana yi min aski ina kuka. Na ga ɗiyarmu da goyo, bayansa kuma ga ta ana yaye ta. Na ga Hajiya da furfura tana shafa min man zafi a gwiwa, sai kuma ga ta budurwa tana ce min, "Malam Tanimu, bakwai ɗinka kamar ɗaya yake, gyara." Na rasa ko na aure ta ne kafin in san ta, ko mun tsufa ne kafin mu haɗu. Tana cikin kusan kowane kati, tana miƙo min abu ko tana karɓa, kuma a kowanne ina jin muryata tana cewa ke, ko Malama, ko Hajiya. Na duba ɗari, na duba dubu. Babu kati ɗaya da na faɗi sunan a ciki, to daga ina injin zai samo shi?

Nan na yi kuka, ba zan ɓoye ba. Hawayen suka yi sama, suka jiƙa min hula. Daga nesa na hango bunsurun ya fara jawo murfin taga.

Sai na ji ƙara, kaf-kaf-kaf, ƙarar injin huda kati. A mataki na arba'in da biyar, inda ɗazu babu komai sai iska, ga wata mata zaune ta ba ni baya tana aiki. Na ga tabon ƙuna a hannunta na hagu.

Ba ta juyo ba ta ce, "Malam, cikinsu kake ta dubawa. Duba bayansu."

"Babu komai a bayansu. Ni na hana a ja min layi."

"Ka hana."

"Yanzu kuma ba a fafe gora ranar tafiya."

"Wa ya ce yau aka fafe? Kullum in ka tafi salla nake ja."

Na juya kati ɗaya na dubi bakinsa. Ga wani ɗan ɗigo ja, ƙanƙane kamar cizon sauro. Na ɗauki wani, shi ma da nasa, amma ya ɗan matsa gefe. Hannuna ya tuna aikin kafin kaina ya tuna. Na fara jerawa, mai ɗigo a kusurwa shi ne farko, na kusa da shi ya bi, ina sa wannan ina zare wancan, layin yana miƙewa a hankali. Mahaifina ya yi min aski sannan ya rasu. Aka yaye ɗiyarmu sannan ta yi goyo. Baba Fotran ya zo yana ƙirga min, Malam Kobol yana cewa a bi sashe-sashe, Goggo Lisif ta rufe ƙwaryar da na manta.

Da damin ya kusa haɗuwa sai na ga ba layi kaɗai ba ne. A ƙarƙashinsa akwai wasu ɗige-ɗigen da na ɗauka datti ne, ashe rubutu ne, irin wanda masu huda kati ke yi don a san hannun da ya yi aiki. Babu katin da ya ɗauki harafi ɗaya cikakke, kowanne ɗan ɗigo ya samu, sai an jera su duka yake karantuwa. Bunsurun ya buga tebur ya ce la'asar ta yi, in miƙo ko in tafi. Na ce masa ya rufe tagarsa, ba na bukatar injin. Na sa katin ƙarshe, na danne damin da tafin hannu, na karanta.

Kaf-kaf-kaf ɗin bai tsaya ba. Na buɗe ido, ga silin ɗin falonmu, ga fanka a tsaye don an ɗauke wuta, ga takardar asibiti ta leƙo daga aljihuna. Ƙarar daga ɗakin Hajiya take fitowa, keken ɗinkinta ne, tana yi wa jika kalmasar riga. A masallacin unguwa ana gwada lasifika.

Na ji tsoron kada in rufe baki ya sake gudu, sai na ɗaga murya.

"Hansatu!"

Keken ya tsaya. Ta fito da almakashi a hannu, zare a leɓe, tana dubana kamar ta ga baƙo a falo.

"Na'am. Wa ya rasu?"

"Babu kowa."

"To me ka fasa? Shekara arba'in da biyar ban ji wannan a bakinka ba."

Na so in ce wasa nake yi. Na zaro takardar asibitin na miƙa mata, ta ga komai a cike sai wuri ɗaya. Ta dubi wurin, ta dube ni.

Na ce, "Katunan sun fara zubewa, Hansatu. Yau da safe na nemi wannan na rasa."

Ba ta ce ban gane ba, don ita ma 'yar aikin ce. Ta cire zaren daga bakinta, ta zauna a hannun kujerar, ta zaro biro daga aljihun rigata ta sa min a hannu.

"Na lura tun azumi, Malam. Ina jiran ka faɗa ne." Ta danne min takardar a gwiwa don kada ta motsa. "Rubuta da hannunka tun yana kusa. In ya sake zubewa kuma kada ka ɓoye min, kai dai zubar, ni na san yadda aka jera su."